Babin da Malam Bala Ya Ƙi Rubutawa

Duk wanda ya zauna a unguwar Setapak, can ƙasar waje inda muka je karatu, a shekarun nan ya san ba a kurɓar shayi a mamak, wato shagon shayin da ke ƙasan gidanmu, sai Malam Bala ya ba da labarin fada. Ba fadar garinsu ba fa, fadar sarkin Rasha na ƙarshe, wanda mulkinsa ya rushe fiye da shekara ɗari da suka wuce. Zai ja kujera, ya gyara hula, ya ce, "Jama'a, an sake canza minista!" Kai ka ce yanzu ya kashe rediyo.

Malamin tarihi ne daga gida, ya haura hamsin, ya zo digirin digirgir a kan wasiƙun da sarkin nan da matarsa suka riƙa aika wa juna lokacin yaƙi. Ni injiniyanci nake karantawa, Allah ya haɗa mu gida ɗaya a yankin Danau Kota har shekara uku. Babi biyar ya rubuta tsaf. Na shida, inda sarauta za ta faɗi a hallaka sarki da iyalinsa, shi ne ya ƙi taɓawa, ga bizarsa tana neman ƙarewa. In bai miƙa aikin ba, gida zai koma hannu rabbana.

Wasiƙa ɗaya yake karantawa a rana, bayan ya karya, da jan biro a hannu. Kuma ba shiru yake karantawa ba. Ina ɗakina sai in ji ya buga tebur: "Haba ranka ya daɗe! Talakawa suna layin burodi, kai kana ba matarka labarin yanayi?" Sarauniya ma ba ta tsira ba. "Ke kuma Hajiya, ina ruwanki da naɗin minista? Ki bar bawan Allah ya yi tunani!" Ranar farko na fito a guje, na zaci waya yake da gida.

Kun tuna rikicin ƙyanda? Dakta Aminu, wani ɗan ƙasarmu, bai fi sati da isowa da iyalinsa ba, muka fito daga sallar La'asar ya ce, "Malam, ya gida?" Malam ya yi ajiyar zuciya. "Ai sai addu'a. Yaran sun kwanta da ƙyanda, uwar ce ke ta jinya, uban kuma jirgin ƙasa ya maƙale da shi a hanya." Dakta ya gaya wa matarsa, ita kuma ta jefa a guruf ɗin mata. Washegari ko yaro ɗaya ba a tura Islamiyya ba. Da hantsi sai ga maƙwabciyarmu Maman Khalifa a ƙofarmu da kular farfesu.

"Malam, sannu da jinya. Ina yaran?"

"Suna Rasha, Hajiya."

"Rasha kuma? To ya jikin nasu?"

"Alhamdu lillahi, sun warke."

"Yaushe?"

"An yi shekara ɗari da 'yan kai."

Ta tsaya tana kallonsa, ta kalle ni, ta ɗauki kularta za ta juya. Ya ce, "A'a, Hajiya, niyya ta riga ta faɗa. Ajiye farfesun, ladanki yana nan." Wallahi ni na sha kunya, amma ban fasa shan romon ba.

Da ya ga sarki da sarauniya suna sa wa wasiƙunsu lamba, shi ma ya ɗauka. Matarsa Hajiya Rabi tana Zariya, kullum tana kiransa a waya, amma duk Litinin sai ya hau bas ya kai wasiƙa gidan waya. Na ce, "Malam, WhatsApp fa free ne." Ya ce, "Injiniya, voice note ba ya zama tarihi. Wa zai yi PhD a kan voice note?" A wasiƙa ta talatin da takwas ya ba da umarni mai ƙarfi cewa ragon nan na bayan gida kada a taɓa shi sai ya dawo. Takardar ta yi wata biyu a hanya. Ina zaune saƙon muryar Hajiya ya shigo: "Malam, umarninka ya iso lafiya. Ragon dai an yanka shi a sunan jikarka, har fatar mun shanya." Malam ya juyo ya ce, "Ka gani? Haka ake rasa mulki."

Bai taɓa zuwa Rasha ba, abin yana damunsa. Wai mutumin da bai san sanyi ba bai isa ya hukunta wanda ya yi mulki cikin ƙanƙara ba. Wata Asabar ya ja ni kasuwar Chow Kit, ya tsaya gaban wani mai kifi da ke da ɗakin sanyi, ya nuna ƙofar, ya ɗaga yatsu biyar. "Boleh?" Wato, ko zai yiwu ya shiga minti biyar? Mutumin ya dube shi sama da ƙasa, ga babbar riga ga hula, ya ce, "Boleh lah." Minti uku ya yi ya fito yana kyarma, yana warin kifi. Ya ce, "Injiniya, na rage wa sarki kashi ɗaya cikin uku na laifinsa. Ko sunana ban tuna ba a ciki." A jirgin ƙasa da muke dawowa ba wanda ya yarda ya zauna kusa da mu. Murar kuwa sati biyu ya yi yana ja.

Ana haka malamar da ke duba aikinsa ta kira shi ta ce saura sati uku, kuma ba sauran ƙari. Ya dawo ya zauna yana gyara waƙafi a babi na biyu. Nan raina ya ɓaci. Ni mutum ne mai saurin fushi, kun sani, kuma ina son dattijon nan.

Na ce, "Malam, don girman Allah! Shekara biyar ka bar iyalinka. Deadline ya zo, kana wasa da comma? Mutanen nan sun mutu tun kakanninmu suna yara!"

Ya cire tabarau ya ajiye. "Kai ka sani, ni ma na sani. Su ba su sani ba tukuna." Ya dafa tulin takardun. "A nan har yanzu sarauniya tana jiran sarki ya dawo, tana ba shi labarin yara. Laifi ya yi, ban wanke shi ba, na rubuta duka. Amma 'ya'yansa, 'yan matan nan huɗu da ƙaninsu, me suka yi? Da hannuna zan kai su ɗakin da aka kashe su?"

Na ce, "To Hajiya Rabi fa? Ita ma jira take."

Ya mai da tabarau, ya tattara takardunsa. Da safe na ga ya yi alwala, ya zauna gaban kwamfuta. Kwana huɗu ba buga tebur, ba labarin fada a mamak, har mai shayin ya tambaye ni ko lafiya. A rana ta biyar ya shimfiɗa tabarma a falo, ya aike ni in yi tapau, wato in sayo ƙunshin shinkafa da kaza na mutum goma. Ya ce sadaka ce ta gama aiki. Amma yadda ya zauna ya sunkuyar da kai, duk wanda ya shigo sai ya rage murya. Dakta Aminu ya durƙusa ya ce, "Malam, ya haƙuri?" Da tsokana ya faɗa. Malam ya ce, "Haƙuri sai ma'abocinsa," muka ga idonsa ya cika da ƙwalla. Ba wanda ya yi dariya.

Ya miƙa aikin saura kwana shida, ya kare shi lafiya, ya zama Dakta Bala. Ranar da muka raka shi filin jirgi bakinsa bai rufu ba. Zai dawo bikin yaye ɗalibai tare da Hajiya, zai hau da ita dogon benen nan ta ga gari, zai kama musu ɗaki kusa da mu, ni kuma in shirya zama direba. Muna ta dariya, muna sa rana. Wata bakwai bayan nan aka kira ni daga Zariya cewa ya rasu, zazzaɓin kwana uku. Mu ma ranar da muka raka shi ba mu sani ba tukuna.

Allah ya jiƙan Malam Bala, ya sa ya huta. Yadda ya ji tausayin waɗanda bai taɓa gani ba, ya Allah ka ji tausayinsa. Ka ba Hajiya Rabi haƙuri, mu kuma ka kyautata namu ƙarshen.