Tsohuwar 'yar wasa daga Norway da maganar Alhaji

"Har yanzu ba ta tuba ba?"

Tambayar da wani Alhaji injiniya ya jefo min ke nan jiya a majalisarmu ta garin Al Wakrah da ke kusa da Doha bayan sallar Juma'a, kuma har yanzu raina a ɓace yake.

Labarin wata tsohuwa 'yar Norway nake ba su, wadda na yi kwana uku ina kai ta unguwar Mushairib a motata, tana koya wa matasa wasan kwaikwayo. Ta haura saba'in. Tun tana budurwa take hawa dandamali a garinsu, daga baya ta shiga fim. Amma kullum a bayan mota sai ta yi ta bitar kalamanta kamar ɗalibar da za ta shiga jarrabawa.

Na ce, "Alhaji, ta tuba daga me? Kai fa wayarka cike take da finafinai. In 'yan wasanmu suka zo Doha, kai ne kan gaba wajen ɗaukar hoto da su."

Ya gyara hula ya ce, "Malam, kallo daban, haɗa zuri'a daban."

Abin da ya fi ƙona min rai, bara da 'yata ta ce tana son karanta wasan kwaikwayo a jami'a, kusan amsar da na ba ta ke nan. Yau da safe na kira ta na ba ta haƙuri.

Har yaushe za mu ci tuwo mu koma muna zagin mai tuƙawa? Ku faɗa min.