Ranar da Cataldo Ya Yi Magana da Bakinsa

Kifi Cataldo Semeraro yake sayarwa a bakin gadar garinmu Taranto kafin 'yan fim su tsince shi. Ni nake yi masa aski tun muna samari, don haka fuskar nan na san ta ciki da waje: kunnuwa kamar hannun tukunya, hanci a karkace, ido kullum kamar yanzu aka tashe shi daga barci. Wani darakta daga Roma ya tsaya sayen kifi, ya dube shi, ya fashe da dariya. Shi ke nan aiki ya samu.

Bai taɓa zama tauraro ba, kuma abin bai dame shi ba. Shi ne mai kai abinci da ake kwaɗa wa mari, shi ne ɗan sandan da ke faɗawa kwata, shi ne mijin da ke shigowa ta ƙofa kwarto na fita ta taga. Da rani yakan dawo gida ya baje a kujerata.

"Cosimo, bi kuncin nan a hankali," in ji shi. "Shi ya aurar da ƙannena."

A zamanin ba a ɗaukar murya a wurin ɗaukar hoto. Irin su Cataldo masu karin harshen kudu ko magana ba a ba su su haddace. Darakta zai ce, "Yi ta ƙirge kawai, bakinka ya motsa." Sai ya zare ido yana ɗaya, biyu, uku, daga baya wani mai zaƙin murya a Roma ya ɗora magana a kai. Kowa ya san haka ake yi, ba wanda ya ga aibu.

Sai dai mahaifiyarsa, Donna Addolorata, idonta ya mutu tun kafin ya fara fim. Mukan riƙe hannunta zuwa silima, in ya fito in raɗa mata, "Mama, ga shi nan ya shigo." Sai ta kasa kunne, ta taɓe baki.

"Wannan ɗan gayun? Ba ni na haife shi ba. Mayar da ni gida."

Wannan kaɗai ne ke cin Cataldo a rai, kuma ni ma yana ba ni tausayi. Ya roƙi daraktoci har ya gaji. Amsarsu ɗaya: "Da wannan muryar taka ta tallan kifi?"

Tsohuwa ta fara rauni lokacin da aka gayyace shi wasan talabijin na yammacin Asabar, wanda ake watsawa kai tsaye, ba mai ɗora wa kowa murya. Zai shigo da faranti ya ce, "Ranka ya daɗe, miyar ta huce." Ya yi ta bitar maganar nan a shagona har masu jiran aski suka haddace ta.

Ran Asabar unguwa ta cika shagon kofi na Nicola, don nan kaɗai ke da talabijin. Muka zaunar da tsohuwa a gaba.

Can cikin talabijin, Cataldo ya shigo da farantinsa. Fitila ta haske shi, ya ga kyamara, sai baki ya yi abin da ya saba shekara da shekaru. Ya zare ido, ya kwarara da muryar kasuwa: "Ɗaya! Biyu! Uku! Huɗu!"

Mai gabatar da shirin ya sandare. 'Yan kallo suka ɓarke da dariya, shagon Nicola ma ya kaure. Ni kuwa na rufe fuska, na ce a raina yau sakaran nan ya kashe aikinsa da kansa. Shi kuma ganin ana dariya sai ya ci gaba da ƙirgensa, yana ƙara zare ido.

Ji na yi an buga sanda a ƙasa. Donna Addolorata ce ta miƙe, ba wanda ya riƙe ta, hawaye na bin kumatunta.

"Ku yi mini shiru, 'yan banza!" ta ce. "Ɗana na magana."