Ruwan Da Fada Ya Zuba Wa Yaya Mahmud

Shekara takwas da rasuwar yayana Mahmud, ga ni a bakin get ɗin makarantar da ya faɗi, na kashe mota, Baba yana gefena ya ƙi kwance bel.

"Baba, mun fa iso."

"Na gani, Uwata. Shiga ke kaɗai. Ƙafar nan ce."

Ƙafarsa lafiya lau. Tun daga Sparkbrook, unguwarmu a Birmingham, ya taso da sassafe a jirgin ƙasa, ya same ni a flat ɗina a Whalley Range cikin Manchester, ya hau bene da kansa ba ko nishi. Da muka zo ƙofar wajen nan ne ƙafa ta tuna ciwo. Ban yi masa musu ba. Sunan mahaifiyarsa gare ni, amma ban kai in tilasta shi ba.

Bari in koma baya, don ba kowa ya san mu ba. Baba karatu ya kawo shi Birmingham, ya gama ya zauna, a nan aka haife mu, ni da Yaya. Yaya Mahmud irin yaran nan ne da malamai ke kiran iyayensu ba don laifi ba. Ya zauna jarrabawar wata makarantar kuɗi ta 'yan Katolika a bayan garin Manchester, ta kwana, maza zalla, ya ci, suka ce ya zo kyauta. Su Fada ne ke riƙe da ita. Ba irin Fadan cocin unguwa ba. Waɗannan gida ɗaya suke zaune tun ƙuruciya har mutuwa, ba aure, ba abin kansu, baƙar riga har ƙasa, ƙararrawa ke tashinsu, ita ke kwantar da su.

Abokan Baba na masallaci ba su ji daɗi ba. Wani dattijo a cikinsu, ba zan kama suna ba, ya ce, "Malam, ka kai wa kura ajiyar nama." Baba ya ce ɗansa ya sauke Alƙur'ani kafin ya iya ɗaura taye, ba ya jin tsoro. Shi ya sa hannu. Shi ya ɗauki akwatin har ɗakin kwana. Ku riƙe wannan, don duk abin da ya biyo baya a wuyansa ya rataya shi.

Kuma Yaya ya ji daɗin wajen, gaskiya ɗaya ce. In ya zo weekend sai ya cika mana kunne. Sun ba shi wani ɗan ɗaki kusa da laburare yana sallah. Da azumi, tun da su ma 'yan asubanci ne, sai ya tarar an ajiye masa kunun oats da dabino a kicin. Yakan tsokani Baba ya ce, "Baba, mutanen nan fa sun fi ka tashi da wuri." Wanda ya fi yi mana labarinsa shi ne Fada Martin, tsoho mai koyar da tarihi, wanda ya yi ƙuruciyarsa yana koyarwa a wani ƙauye a Filato. Yana jin Hausa, irin ta da, ta mutanen da ke cewa sule da taro. In Yaya ya makara aji sai ya ce masa, "Malalaci, rana ba ta jiran sarki." Yaya yana kwaikwayonsa a falo, Mama tana dariya har da riƙe ciki.

A azumin da ya faɗo tsakiyar zafi abin ya faru, lokacin da rana ke kai wa ƙarfe tara ba ta faɗi ba. Ranar wasannin makaranta ce, iyaye sun zo kallo. Mu ba mu je ba, Baba yana aiki. An ce wa Yaya ya zauna tun da yana azumi, ya ce shi sai ya yi gudun. Bai kai ƙarshe ba ya yanke jiki ya faɗi. Kafin motar asibiti ta shigo filin rai ya yi halinsa. Daga baya likitoci suka ce zuciyarsa ce, da matsalar aka haife shi, babu GP ɗin, wato likitan unguwa, da ya taɓa ganowa. Shekararsa sha bakwai.

Da a gida ne, da yamma an kai shi, an dawo an zauna karɓar gaisuwa. Nan kuwa gawar matashin da ya faɗi haka hukuma ce ke riƙe ta sai an gama bincike. Muka zauna jira. A cikin jiran nan ne bidiyon ya fito.

Wani cikin masu kallo ne ya ɗauka daga nesa, gajere. Ga Yaya a kwance kan ciyawa. Ga Fada Martin durƙushe da baƙar rigarsa, yana zuba masa ruwa a ka daga gora, hannu ɗaya a goshinsa, bakinsa yana motsi. Shi ke nan. Ba sauti sai iska. Wani ya ɗora rubutu a kai cewa ga yadda ake yi wa 'ya'yanmu baftisma, ana mayar da su Kirista, a bakin mutuwa, iyaye a yi hattara. Daga group ɗin iyaye ya shiga na masallaci, daga nan ya ƙetara har Kano. Gwaggona ta bugo tana kuka, ba kukan mutuwa ba, kukan wancan. Masu cewa in ba ƙira me ya ci gawayi suka yi yawa. An ce gani ya kori ji. Mu gani ne ya kashe mu.

Ranar jana'iza, a gaban Baba, wani ya tambayi liman ko ya halatta a sallace shi. Liman, Allah ya saka masa, ya ce a daidaita sahu. Aka yi sallah. Amma akwai waɗanda suka tsaya can baya wajen motoci suka naɗe hannu, kuma Baba ya gan su ɗaya bayan ɗaya. Mutanen da suka ci tuwon sunan Yaya ne. Fada Martin ya zo ta'aziyya har Sparkbrook, a bas, da rigarsa, yaran layi suna binsa da ido. Dattijon nan mai maganar kura ya tare shi a ƙofa ya ce iyalin ba sa son ganinsa. Ta taga na hango shi yana komawa wajen Stratford Road a hankali. Ba wanda ya tambayi Baba ko yana so.

Za ku ce me ya hana Baba ya ɗauki waya ya tambayi mutumin. Ni ma na yi shekaru ina jin haushinsa kan haka. Sai da na girma na gane. In ya tambaya aka ce masa e fa? Shi ya kai shi. Sai ya zaɓi zama cikin kokwanto, ya ga ya fi masa sauƙi a kan amsa. Ya daina zuwa masallacin, ya koma wani can Balsall Heath inda ba a san shi ba, yana shiga a makare yana fita da wuri. Bai ƙara zuwa kabarin ba. Ba a taɓa yin taron addu'a a gidanmu ba. In Mama ta ce Allah ya ji ƙan Mahmud, amin ɗin Baba a ciki take tsayawa. Rashin sani ya fi dare duhu, amma akwai wanda ke tsoron a kunna fitila.

Bana aka sanar za a rufe makarantar. Su Fada sun tsufa, sun ƙare, ba matasa masu shiga. Za a kwashe ragowar zuwa wani gidansu, ginin kuma an ce flat-flat za a yanka shi, kamar yadda aka yi wa manyan gidajen unguwarmu. Sakatariyar makarantar ta nemo ni ta ce Fada Martin yana roƙon ya ga wani daga gidan Mahmud kafin a tafi da shi. Na gaya wa Baba ina zaton zai yi faɗa. Ya ce ƙarfe nawa jirgi ke tashi.

To, na bar shi a mota na shiga. Na samu Fada a keken guragu, an lulluɓe masa ƙafa da bargo, ya zama ɗan mitsitsi. Ya dube ni ya ce, "Sannu da zuwa, 'yata. Ina gajiya? Goshin Mahmud ne wannan." Na zo da tambaya a shirye cikin Turanci, sai ta fito da Hausa, a gaggauce, ba ladabi.

Ya ce ruwan don zafi ne, jikin yaron kamar garwashi. Ya ce wani ya miƙo gorar yana cewa a ba shi ya sha, shi kuma ya ce a'a, azumi yake. "Har yau ban san ko na yi daidai ba," in ji shi. Abin da bakinsa ke faɗa kuwa, ya ce a ƙauyen da ya zauna ya ga yadda ake yi wa maƙwabcinsa musulmi da ajali ya zo, ana maimaita masa kalmar shahada a kunne, a hankali, ba a matsa masa. Ya duba filin bai ga musulmi ko ɗaya kusa ba, sai ya yi. Ya ce 'yan'uwansa a gidan ma wasu ba su ji daɗi ba, sun ce ba aikinsa ba ne.

Na ce, "Yayana ya amsa?"

Ya gyara bargon da ke ƙafarsa. Sannan ya ce, "Leɓensa ya motsa. Ba zan yi miki ƙarya in ce na ji ba."

Na so a ce ya yi min ƙaryar. Wa zai kama shi? Amma da ya ƙi, a nan na yarda da duk sauran.

Na dawo mota na zayyana wa Baba, ban ƙara ba, ban rage ba. Yana kallon gaba. Ya ce, "Ya ce ya ji?" Na ce a'a, leɓe ya gani. Ya ce, "Kuma bai ba shi ruwa ba?" Na ce bai ba shi ba. Baba ya cire hularsa ya ɗora a gwiwa, abin da ban taɓa gani ya yi a waje ba. Ya ce, "Ashe da azuminsa ya tafi." Sai ya yi kuka irin na tsofaffi, ba sauti, kafaɗa kawai.

Can ya ce in koma in ce ya gode. Na koma da gudu, amma an kaɗa ƙararrawa, an tura Fada cikin ɗakin ibadarsu, kuma in sun shiga ba a fito da su don baƙo. Na bar saƙo wajen sakatariya. Ban sani ba ko ya isa. Shekara takwas tsohon nan yana jiran kalma ɗaya daga gidanmu, da ta zo kuma sai a bakin 'yar aike.

Ina yawan tunanin me Yaya zai ce da ya ga yau. Na san zai yi dariyar cewa ɗakin sallarsa zai zama kicin ɗin wani. Zai tsokane ni don yanzu na girme shi, na gama uni, ina biyan haya, shi yana nan a sha bakwai ɗinsa. Amma ban san me zai ce ba in ya ji yanzu kowa ya waye, kowa ya iya cewa kar a yarda da bidiyo, ana haɗa na ƙarya. Nasa ba haɗawa aka yi ba. Kowace daƙiƙa ta ciki gaskiya ne. Fassarar ce tamu, mu muka yi ta, da Hausarmu, da hannunmu. Watan jiya ma wata baiwar Allah ta sake turo shi a wani group tana gargaɗin iyaye, ba ta san ƙanwarsa na ciki ba. Magana zarar bunu ce, in ta fita ba ta komawa.

In na auna abin da ya rage na Yaya, ba shi da yawa. Makarantar za ta tafi. Fada Martin ba zai daɗe ba, shi ma ya sani. Abokan ajinsa sun yi aure, sun watse. Abin da ya fi komai nasa daɗewa a duniya shi ne ƙaryar da aka yi masa, ita ce ba ta tsufa. A ɗaya gefen kuma akwai azumin da bai karya ba, da kalmar da wani tsoho ya ara daga addinin da ba nasa ba ya sa masa a kunne. Ko ya amsa, ko bai amsa ba, wannan tsakaninsa da Ubangijinsa ne. Dama tun farko ba hurumin 'yan bayan sahu ba ne.

Baba ne ya ce in rubuta wannan. Ya ce ranar Lahadi mai zuwa bayan la'asar za a yi wa Mahmud saukar Alƙur'ani a gida, karo na farko. Ya hana a aika wa kowa gayyata, ya ce wanda ya san gidan ya san shi. Mama ta riga ta aro manyan tukwane, ni kuwa ina tsoron mu kwana da shinkafar. Ku da kuka naɗe hannu ranar nan, da ku da kuka tura gaba, da ku da kuka san bai dace ba kuka yi shiru, ƙofa za ta kasance a buɗe, Baba zai zauna kusa da ita. Za ku zo?