Gwangwanin Madarar Da Na Hana 'Yata

Edita, assalamu alaikum. Lokacin da abin nan ya same ni, ni sabon magidanci ne, na baro ƙauyenmu a Jigawa da mata da 'ya ɗaya, na kama haya a Ɗorayi, ina aikin manna tafin takalmi a wani kamfani a Sharaɗa. Ba yabon kai ba, Allah Ya ba ni kai mai riƙe karatu, har ni nake jan abokan aiki sallar Azahar, suna tsokanata da limamin gam.

Ɗakin da muke aiki kullum tagoginsa a rufe suke, wai iska tana busar da gam da wuri. Warin kuwa, baƙo in ya leƙo sai ya ja da baya, mu kam hancinmu ya mutu. Da an tashi sai a miƙa wa kowa gwangwanin madara, tsofaffin ma'aikata suna rantsuwa cewa ita ke wanke dafin da muka shaƙa. Ni ban cika sha ba. A aljihu nake sakawa in kai wa 'yata, wadda kullum take jirana a bakin ƙofa.

Sannu a hankali ciwon kai ya kama ni, hannuna ya soma rawa, mantuwa ta biyo baya. Ranar da na tsorata, ina gaban sahu na karanta Fatiha, surar da zan ɗora ta ɓace mini fat, na yi tsaye kamar gunki. Wallahi na ji kunya. Wani dattijon abokin aiki ya ce ai ga sakamakon rashin shan madara. Daga ranar nake shanyewa a bakin get. Yarinyar ta riƙa laluba aljihuna tana jin wayam, tun tana kuka har ta daina fitowa. Barin aikin kuma ba hali, domin gonar gida ba ta ciyar da mu, a get kuma ga masu jiran gurbina. Kowace safiya in shiga ɗakin nan ina ji a jikina yana cin kaina.

Da jiri ya kayar da ni, maiɗakina ta matsa muka je asibiti. Likitar ta yi mini bayani dalla-dalla. Ta ce Allah Ya yi wa ƙwaƙwalwa shinge tsakaninta da jini: bangon ƙananan jijiyoyin da ke cikinta a matse yake gam, kamar ginin da ba tsaga. Abinci da iskar numfashi suna wucewa, amma ƙwayoyin cuta da yawancin guba, har da magunguna da dama, a waje suke tsayawa. Sai dai abin da ke narkewa a mai, irin tururin gam ɗinmu, ratsa shingen yake yi salin-alin. Na tambaye ta batun madara. Ta girgiza kai, ta ce madara ciki take zuwa, tururi kuwa daga huhu yake shiga jini ya haura kai, ko hanya ba su haɗa ba. Innalillahi! Ashe a banza na hana yarinyata.

Da ƙyar da roƙo aka mayar da ni wajen lodi. Rawar hannu ta ragu, amma karatun bai dawo duka ba, yanzu a sahun baya nake salla.

Na koyi cewa ba kowane rigakafi da aka gada ne gaskiya ba. 'Yan'uwana ma'aikatan Sharaɗa, Challawa da Bompai, ku haɗa baki ku nemi a buɗe taga, a ba ku takunkumi na gaske, in kai ya fara ciwo ku ga likita. Madarar kuwa ku kai wa yaranku. Tawa ta girma, na sha sayo mata, sai ta ce ba ta sonta.