Ranar da Inna Kaltume ta kira sunan ɗanta

Inna Kaltume maƙwabciyarmu ce a Poumpoumré, cikin Garwa. Ƙosai take soyawa a ƙofar gida tun ban san kaina ba. Tana da ɗa, Brahim, mahauci a kasuwa. Ɗan fari ne, don haka ba ta taɓa kiran sunansa ba. Ƙanwarta Dela ce ta goya shi. In za ta yi maganarsa sai ta ce "na Dela."

Wata shekara jandarma suka yi kame a tashar mota, suka haɗa da Brahim, wanda ya je karɓar shanu daga Ngawundere. Aka rufe shi, ba tuhuma, ba kotu. Mahauta suka samo wani lauya ɗan kudu, Dieudonné. Ya ce doka ba ta yarda a riƙe mutum haka ba, amma alƙali na son wani na jini ya tsaya ya ce nasa ne, ɗan gari ne. Uban ya rasu, Dela na can garin Banyo wajen aure. Saura ita.

A kotu tafinta ya tambaye ta: "Inna, wannan ɗanki ne?"

Ga mahauta cike da benci, ga wani surukinta. Ta ja mayafi ta rufe baki.

"Na Dela ne."

Lauya ya dafe kai. Alƙali bai san wannan kunyar ba. Ya ce ba uwar ba ce, aka mayar da Brahim.

Damina guda ya ƙara a ciki. Kullum tana kai masa tuwo, ta miƙa wa mai gadi ba ta ɗaga ido ba. Mutanen unguwa kuwa sai yabonta suke: "Kaltume akwai kunya!" Ta gaya mini wannan yabon ya fi zagi ƙona ta.

Da aka ji za a kwashe su Brahim zuwa wani kurkuku mai nisa, lauya ya sake samun zaman kotu. Ya sa tafinta ya ce mata: "Mama, yau ne kawai."

Ta miƙe. Brahim na tsaye, ya rame, ƙafafunsa sun kumbura.

"Ɗana ne. Ni na haife shi. Brahim."

Muryarta ta fi yadda ta yi niyya ƙarfi, har na waje suka ji. Brahim ya sunkuyar da kai. Kafin la'asar aka sake shi.

Matan unguwa sun daɗe suna tsokanarta: "Uwar Brahim, ba mu ƙosai!" Sai ta juya musu baya.

Na taɓa tambayarta wace rana ce ta fi jin kunya. Ta daɗe tana juya ƙosai a mai.

"Ta farkon," in ji ta. "Ungo, kai wa na Dela, tun da zafinsa."