Yashin suyar gyaɗar Kaka

Ku gafarci karambanina, ban saba rubutu nan ba.

Jiya a bakin kogi a Soundview, nan New York, kakata na ɗibar yashin suyar gyaɗa, sai mai gadi ya hana mu. Ni ce tafinta.

"Takwara, tambaye shi, wa ake roƙa? A garinmu mai unguwa ne."

Ya sosa ƙeya, ya ce gaɓar ta birni ce, yashin cikin ruwa wataƙila na jiha. Shi hanawa ce aikinsa.

"Ga mai hanawa, ina mai bayarwa?" in ji Kaka, ta zazzage kwanonta.

Ba yashi, gyaɗar ta ƙone. Don Allah, wa ke ba da izinin? In na gano, kun yarda in dawo in faɗa?