Ni Na Ce Mata Ta Tafi

Na isa Alƙahira a ƙarshen shekarar 2011, ina da shekara goma sha tara, da gurbin karatun addini da akwati ɗaya wanda rabinsa yaji ne da kuka da daddawa. Ban samu gado a gidan kwanan ɗalibai mata ba, sai wata 'yar garinmu da ta riga ni zuwa ta haɗa ni da wasu ɗalibai uku da ke neman ta huɗu a gidan hayarsu a Abbasiya, hawa na biyar, ba lifta. Biyu 'yan Malesiya ne, ɗakinsu ɗaya. Ɗaya ɗakin kuwa ni da wata 'yar Indunusiya.

Ta girme ni da shekara huɗu, amma ajinmu ɗaya, don ita sai da ta fara yin shekara guda a ajin koyon harshe. Da Larabci muke magana, nata a hankali, nawa da sauri da kurakurai. A sati na biyu ta tambaye ni yadda ake kiran babbar 'yar'uwa a harshenmu. Na ce Yaya. Kalmar ta yi mata daɗi a baki, ta ce haka zan riƙa kiranta, haka kuwa na yi har muka rabu.

Abin da na fara lura da shi a jikinta shi ne zaman tahiya. Ba ta iya naɗe ƙafar dama, sai ta miƙe ta gefe. Wata rana tana shafa mai na ga tabo dogo a gwiwar, da wasu ƙanana biyu a gefensa. Na yi mata sannu, ta ce tsohon ciwo ne. Ban sake tambaya ba. Sai da muka yi wata uku tare, ina share ƙarƙashin gadonta, tsintsiya ta jawo wani abu naɗe cikin zani. Raket ne na wasan badminton guda biyu, mariƙinsu ya yi baƙi saboda gumi.

A ranar ta ba ni labari, tana tsinke ganyen alayyahu, ba ta ko kallona. Tun tana 'yar shekara sha ɗaya aka ɗauke ta daga ƙauyensu zuwa gidan kwanan wata ƙungiyar wasa a birni. A ƙasarsu, in ji ta, wannan wasan shi ne kamar ƙwallon ƙafa a wurinmu, har a lungu yara na ɗaura igiya su buga. A can aka haɗa ta da wata yarinya sa'arta don wasan 'yan biyu-biyu. Ita ce ke tsayawa gaba kusa da raga, tana tare ƙananan bugu, ɗayar tana baya tana sauke manya. Shekara tara suka yi tare, ɗaki ɗaya, kwano ɗaya. Sun ci gasar matasa, sun fita ƙasashen maƙwabta, har an fara maganar kiransu sansanin ƙasa. Tana da shekara ashirin ta yi tsalle ta sauka a karkace, jijiyar gwiwa ta tsinke. Aka yi tiyata. Kafin ta ajiye sanda an ba abokiyarta wata sabuwa. Mahaifinta malamin makarantar addini ne wanda dama bai taɓa son wasan ba. Ya kai ta makarantar kwana ta yi shekara biyu tana koyon Larabci, ya yi ta faɗi-tashi har ya samo mata gurbin zuwa Masar.

Na ce ta koya mini. Ta yi dariya ta ce ba wuri. Amma washegari da la'asar muka hau saman benenmu, inda matan gidan ke shanya, ta zaɓi igiya ɗaya ta mayar da ita raga. Ƙwallon wasan gashin tsuntsu ne aka jera a kan ɗan toshe, Misirawa na ce masa risha. Iska ta kwashe mana biyu a ranar, ɗaya ta faɗa barandar wata tsohuwa da ta ƙi mayar mana. Ban taɓa ganin Yaya kamar yadda na gan ta a saman nan ba. Mutumiyar da ke tafiya a hankali kamar mai tsoron farka wani, sai ga ta tana shawagi tsakanin kayan shanya, tana mayar mini da rishar daidai kan raket ɗina duk inda na jefa ta. Daga nan ya zama kusan kullum, in ba jarrabawa.

Abokiyar wasanta ba ta daina ba, tana can tana tashe. In ana nuna wasanta, Yaya takan ɗora kwamfuta a kan teburin cin abinci ta ce za ta duba sakamako kawai, sai ta kalla har ƙarshe. Nakan ga ƙafafunta a ƙarƙashin tebur suna motsi, taku biyu hagu, ɗaya gaba. Wata rana sabuwar yarinyar ta yi karo da abokiyar a tsakiyar fili, rishar ta faɗi tsakaninsu. Yaya ta rufe kwamfutar.

"Shekara huɗu suna tare, har yanzu yarinyar nan sai ta waiwaya take sanin inda take," ta ce. "Ni daga numfashinta nake sani."

Ta tashi ta ɗora ruwan shayi.

A ƙarshen 2013, bayan watannin dokar hana fita da muka yi a takure a gida, saƙo ya zo wa Yaya daga abokiyar wasanta. An sallami abokiyar daga sansanin ƙasa, an raba ta da waccan yarinyar. Wani mai kamfanin kayan wasa a garinsu ya yarda ya ɗauki nauyinta ta ci gaba da buga gasa da kanta, in ta samu abokiyar wasa. Ta ce ba ta son kowa sai Yaya. Ta ce su gwada shekara ɗaya, tun ƙafafunsu na ɗaukarsu.

Sati biyu Yaya ba ta ci abincin kirki ba. Ta kira gida, mahaifinta ya ce ta zauna ta ƙarasa karatunta, saura shekara ɗaya da rabi. Mahaifiyarta ta ce ta bi maganar babanta. Ta je wurin likita a Dokki, na raka ta. Ya murɗa ƙafar, ya duba hoto, ya ce gwiwar ta isa tafiya da hawa bene da ɗan wasan motsa jiki, amma shi ba zai ba ta shawarar komawa gasa ba. Ta yi istihara ta sake yi.

Wata Juma'a bayan sallar azahar muna kicin, ina tuƙa mana tuwon shinkafa, wanda ta koyi ci har ta fi ni so. Ta jingina da ƙofa ta ce, "Ƙanwata, ke me kika gani?"

Ban tsaya na yi tunani ba. Ina da shekara ashirin da ɗaya, na kuma ga yadda fuskarta ke canzawa in ta riƙe raket. Na ce, "Yaya, littafi ba ya tsufa, gwiwa ce ke tsufa. Ki tafi. In kin gama ki dawo, karatu na nan."

Ta daɗe tana kallona. Sannan ta ce, "Khalas," wato shi ke nan.

Wata huɗu ta yi tana shiri. Bayan asuba takan sauka ta hau benen nan sau da yawa, har matar mai gadin gida ta tambaye ni ko lafiyarta ƙalau. Ɗaliban ƙasarsu na kama wani zauren wasa a unguwar Madinat Nasr, safiyar Asabar ta mata ce. Nakan bi ta in tsaya a kan kujera ina jefa mata risha ɗaya bayan ɗaya, tana tarewa, har hannuna ya sage. Da yamma in na ga gwiwar ta kumbura, ni nake ɗaure mata ƙanƙara a tawul. Na ga kumburin da idona, ba sau ɗaya ba. Na ce a raina gajiya ce.

Ta tafi a bazarar 2014, ana saura 'yan makonni jarrabawar ƙarshen shekara ta uku. Ta bar littattafanta a jere a kan kantar ɗakinmu, ta ce kada in bari kowa ya taɓa. A filin jirgi ba ta yi kuka ba, ni ce na yi.

Watannin farko saƙonninta cike suke da murna. Ta aiko mini hotonsu su biyu zaune a ƙasa suna ɗaure takalmi. Ta ce rana ta farko da suka shiga fili, ko minti goma ba a yi ba suka koma kamar ba su taɓa rabuwa ba. Gasarsu ta farko ƙarama ce, a wani gari a tsibirinsu, suka kai zagaye na uku. Na karanta saƙon a cikin jirgin metro, na yi ta murmushi har wata mata ta tambaye ni ko albishir aka yi mini.

Gasa ta biyu ba a nuna ta ba, sai dai maki da ke canzawa a shafin intanet. Ina zaune a harabar tsangayarmu ina bi a waya. Sun ci zubi na farko. A na biyu makin ya tsaya, ya daɗe bai motsa ba. Na ɗauka sabis ne ya ɗauke. Da na sabunta shafin sai na ga an rubuta a gefen sunayensu cewa sun janye.

Na kira ba a ɗauka ba. Na yi ta aika saƙo har kwana tara. A rana ta goma abokiyar wasanta ce ta amsa mini daga wayarta, da Turancin da ni da ita duk ba mu ƙware a kai ba. Gwiwar ce, wuri ɗaya, kuma wannan karon har da guringuntsi. An sake tiyata. Ta ce Yaya ba ta son magana da kowa tukuna.

Shekara ta huɗu ni kaɗai na yi ta. An kawo wata ɗaliba ɗakin, mutumiyar kirki, amma na kasa sakin jiki da ita. Na je ofishin ɗaliban ƙasashen waje sau uku ina tambaya ko za a iya riƙe wa Yaya gurbinta. Matar da ke wurin ta saurare ni da kyau, ta duba takardu, ta ce ma'alish, wato a yi haƙuri, wanda ya bar jarrabawa ba uzuri kuma bai dawo rajista ba, gurbinsa ya tafi.

Sai a farkon 2015 ta kira ni da kanta. Muryarta ta yi ƙasa. Ta koma ƙauye, gidan iyayenta. Ta ajiye sanda amma tana ɗingishi, a kan kujera take salla. Mahaifinta bai taɓa tayar mata da maganar ba ko sau ɗaya, shi yake kai ta asibiti a kan babur, kuma ta ce da ya yi mata faɗa da ya fi mata sauƙi. Tana koyar da ƙananan aji a makarantarsa, ba takardar shaida. Abokiyarta ta jira ta wata biyu, daga nan mai kamfanin ya samo mata wata, ta ci gaba.

Na daɗe ina shirya abin da zan faɗa, amma da lokacin ya zo sai kawai na ce, "Yaya, ki yafe mini. Ni na ce ki tafi."

Ta ce ba abin yafewa. Ta ce ƙaddara ce, kuma wata biyar ɗin da ta yi a fili ba za ta musanya su da komai ba. Har na fara jin sanyi a raina. Sai ta ce, "Amma ranar nan a kicin, na riga na yanke zan zauna. Na so ne in ji wani ya ce mini daidai na yi."

Ban san me na amsa ba. Na san dai ta yi ta lallashina, ita da ke da ciwon, har katin wayarta ya ƙare.

Bayan nan mun yi magana sau uku ko huɗu, duk gajeru, gaisuwar salla da tambayar iyaye. Ba faɗa muka yi ba. Kowa dai ya san abin da ke tsakani, kuma ba mai son taɓa shi. Da na ci jarrabawar ƙarshe ta aiko mini addu'a mai tsawo da Larabci, ba kuskure ko ɗaya a ciki. A ƙasan saƙon ta ce in kai littattafanta gidan ɗaliban ƙasarsu, a ba wadda ta zo sabuwa.

Sawu biyu na yi a ƙaramar bas kafin na kwashe su. Wadda ta karɓa ba ta fi wata biyu a Masar ba. Ta zauna a ƙasa tana buɗe su ɗaya bayan ɗaya, tana mamakin yadda aka cika gefen kowane shafi da ƙananan rubutu a harshensu. Ta ce wannan baiwar Allah ta sauƙaƙa mata aikin shekara uku. Ta tambaye ni ko mai littattafan ta gama ta koma gida ne.

Na ce mata ta koma gida. Sati biyu bayan nan ni ma na bar Alƙahira.